Wa'adi a Duniyar Tatsuniya: Daga Bashin Dodo Zuwa Watanni Ukun Lugu

A cikin tatsuniyoyin Hausa da Baturen nan A. J. N. Tremearne ya tattara, ya buga a shekarar 1913, akwai wata gajeruwa da ya laƙaba wa sunan bashin Dodo. Wata mace mai ciki ce ta je rafi ɗiban ruwa, ta rasa mai aza mata tulu, sai Dodo ya fito ya taimake ta bisa sharaɗin cewa abin da ke cikinta, idan mace ce, to matarsa ce. Ta haihu, ta yi goyo, yarinya ta girma, maganar bakin rafi ta shiga kwandon mantuwa. Dodo bai zo ranar suna ba, bai zo ranar yaye ba. Sai da aka taru ana shagalin aurenta ya bayyana a tsakiyar taro yana neman abinsa. Yadda aka rabu da shi a ƙarshe ba shi ne abin dubawa a nan ba. Abin dubawa shi ne dogon haƙurin da ya yi, domin kuwa haƙurin nan ne ƙashin bayan labarin. Da Dodo ya ɗauke jaririya tun tana cikin zanen goyo, da tatsuniyar ta ƙare tun ba ta fara ba.

Wannan tsawon lokaci da ake yankewa a duniyar Dodo da aljannu, wanda idan ya cika dole wani abu ya auku, shi ne Bahaushe ke kira wa'adi. Kalmar aro ce daga Larabci, kuma asalinta alkawari ne. Ke nan tun daga tushe wa'adi ya fi ƙarfin a ce masa tsawon kwanaki kawai. Lokaci ne da aka ɗaure da magana, mai bin bashi yana gefe yana ƙirga. Masu nazarin tatsuniya sun yi ta rubuce-rubuce a kan taurari, su Gizo da Ƙoƙi da Kura, da kuma jigo da darasi, amma ba kasafai suke tsayawa a kan lissafin kwanakin da labari ke tafiya a kansa ba. Ga alama ana ɗaukar kwana bakwai da kwana arba'in da shekara bakwai a matsayin ado, irin wanda za a iya cirewa ba tare da labari ya ji ciwo ba. Wannan kuskure ne, kuma ƙasar Arewa wuri ne mai kyau na gane hakan.

A ɗauki yaron da ya tashi a Kiyeshe, kudu da Dogondutsi, cikin Dallol Mauri. Yaron nan yana rayuwa ne cikin lissafin lokaci iri uku a haɗe. Akwai na makarantar boko, mai farawa a watan Oktoba, mai tafiya da agogo da kalanda. Akwai na Hijira, mai kawo azumi da salloli, wanda ke jan baya da kwana goma sha ɗaya ko kusa da haka kowace shekara. Sannan akwai na manoma, wanda ya girme su duka a wannan ƙasa: ana fara ƙirga wata daga ƙarshen damina, a yi ta lissafi cikin ɗari da rani da bazara har a kai na bakwai, lokacin da ake ɗaga kai ana duban gabas. Masu iya magana sun ce watan bakwai maƙarar rani, ko ba ruwa da alama. Duk wanda ya taɓa ganin rumbu yana ƙasa-ƙasa alhali hadari bai haɗo ba ya san nauyin wannan bakwai ɗin a jikinsa. Saboda haka idan kaka ta ce wa jikokinta aljani ya ba wane wata bakwai, ba ta bukatar ƙarin bayani. Masu saurare sun san irin jiran da ake nufi, jira ne wanda abinci ke ƙarewa kafin ya cika.

Bakwai ba ta tsaya a gona ba. Jariri sai ya kwana bakwai ake raɗa masa suna, kafin nan baƙo ne wanda ba a tabbatar da zamansa ba. Girkar bori, wadda a Arewa ake kira gyara, a wurare da yawa kwana bakwai take ɗauka kafin a fito da wanda aka girka. Masanin nan Guy Nicolas, wanda ya daɗe yana bincike a ƙasar Maradi, ya nuna a littafinsa na 1975 cewa a tsohon tunanin Hausawa uku ta namiji ce, huɗu ta mace, bakwai kuwa haɗuwarsu ce, wato cikar abu. Ko labarin Bayajida, wanda kowane ɗan makaranta ya sani, a kan wannan lissafi yake tsaye: macijin rijiyar Kusugu bai hana mutanen Daura ruwa kwata-kwata ba, ya yanke musu rana ɗaya ce cikin bakwai, ranar Juma'a. Zaluncinsa zaluncin wa'adi ne. Gari guda yana ƙirga kwanaki da ƙishirwa, kuma jarumtar baƙon da ya sare kansa ita ce ya ɗebi ruwa a ranar da ba ta ɗiba ba.

Arba'in kuwa wani abu ne dabam, kuma a nan ne ake gane gwanin mai ba da labari. Mai jego kwana arba'in take yi tana wanka da kiyaye jiki kafin ta koma harkokinta. Mamaci ana yi masa sadakar uku, da ta bakwai, sannan ta arba'in, wadda bayanta ake ganin zaman makoki ya kai ƙarshe. Malamin da ya shiga halwa mai tsanani yakan yi arba'in bai fito ba. A duk waɗannan, mutum yana tsakanin hali biyu ne, bai gama barin na farko ba, bai gama shiga na biyu ba, kuma ana tsoron abin da zai same shi a tsakani. Ke nan bakwai jiran abu ne ya cika ya sami suna, arba'in kuwa jiran fita ce daga haɗari. Tsohuwar da ta ce an rufe yarinya a ɗaki kwana arba'in, da wadda ta ce kwana bakwai, ba labari ɗaya suka bayar ba, ko da sauran kalmominsu sun zo daidai.

Akwai kuma wani nau'in lokaci da kunnen Bahaushe ya saba da shi ta hanyar makarantar allo da tafsiri, wato lokacin da ke gudu dabam a wani wuri. Ƙissar As'habul Kahfi ba tatsuniya ba ce, kuma ba a ajiye ta a layi ɗaya da labarin Dodo. Amma ita ce ta koya wa masu ƙaga labari yadda ake sa mai sauraro ya ji tsawon zamani. Samarin sun yi barcin shekara 300 da ƙarin 9, suka farka suna zaton yini ɗaya ne ko wani yanki nasa, kuma abin da malaman tafsiri suka ce ya tona al'amarin shi ne tsohon kuɗin azurfan da ɗayansu ya kai kasuwa. Wasu malaman sun lura cewa shekara 300 a lissafin rana ita ce 309 a lissafin wata. Wannan bayani ba baƙo ba ne ga mutumin Kiyeshe, wanda ya san cewa watan azumi yana zagayawa amma watan shuka ba ya gusawa. Darasin fasaha da ke ciki shi ne, dogon lokaci ba ya shiga zuciya sai an ba shi shaida ƙarama da hannu zai iya riƙewa, kamar tsabar kuɗin da ta daina ci.

Da aka zo rubutaccen adabi, sai wa'adi ya sami kansa a hannu iri-iri. Abubakar Imam shi ne misalin da ya fi dacewa, domin ya gwada hanya biyu a littattafai biyu. A Ruwan Bagaja, wanda ya fito a 1934 bayan gasar da Rupert East ya shirya a Zariya, Alhaji Imam ya fita ne neman ruwan da zai warkar da ɗan sarki. Bisa ƙa'ida, mara lafiya a kwance shi ne wa'adi mafi tsanani da labari zai iya samu. Amma marubucin bai yi amfani da shi ba. Tauraronsa ya shafe shekaru yana yawon duniya, yana ramuwar gayya da Malam Zurƙe daga wannan gari zuwa wancan, kuma babu inda mai karatu ke jin cewa kowane dare da aka ɓata yana rage numfashin wani. Ciwon yarima yana jira kamar kayan da aka ba ajiya. Ba a musun daɗin littafin, kuma ba a musun cewa raha ce manufarsa. Sai dai shekarun da ke cikinsa tsawon hanya ne kawai, ba su da haƙori. Tatsuniyar baka mai wannan suna, wadda a cikinta ake aiken yarinya wanki a ruwan Bagaja, ta fi shi sanin cewa aike yana da mai jira a gida.

A littafi na farko na Magana Jari Ce, wanda ya fito a 1937, al'amarin ya juye. Sarki Abdurrahman ya tafi yaƙi, Waziri ya ƙulla makirci, Musa yana son fita, aku kuwa ba shi da makami sai bakinsa. Kowane labari da akun ya bayar dare guda yake saye, kuma abin da ake jira a bayyane yake, wato dawowar sarki. An san cewa tsarin aro ne daga littattafan gabas, dangin Dare Dubu da Ɗaya, wanda Frank Edgar ya fitar da fassararsa ta Hausa a 1924. Amma aron ya zauna daram, saboda ya faɗo cikin harshen da dama da dare yake ƙirga lokaci. Bahaushe ba ya cewa rana bakwai idan yana nufin mako, kwana bakwai yake cewa, wato sau bakwai aka kwanta aka tashi lafiya. Daren Juma'a ma yana riga yinin Juma'a zuwa. A irin wannan harshe, tsuntsun da ke tura ajali gaba dare bayan dare ba ya bukatar tafinta.

Iliya Ɗan Maiƙarfi na Ahmadu Ingawa, wanda ya fito a 1951, shi ma aro ne, daga labarin jarumin Rashawa Ilya Muromets, wanda a ƙasarsu ake cewa ya yi shekara 33 a zaune bai taka ƙasa ba kafin baƙi su zo su tashe shi. Abin da ya sa labarin ya karɓu shi ne mai karatu ya yarda cewa ƙarfin da ya zo daga baya sakamakon dogon zaman nan ne. Wa'adin jira ne ya biya kuɗin jarumtar.

Sai kuma labarin da ya fi kowane kusa da gida. A tsakiyar watan Afrilu na 1899 rundunar Voulet da Chanoine ta afka wa Lugu, mazaunin Sarauniya, a nan cikin Arewa. An gwabza, an ƙone garin, Sarauniya Mangu da jama'arta suka janye cikin daji. Rundunar ta ci gaba gabas, ta yi ɓarnar da ta yi a Birnin Konni a watan Mayu. A ranar 14 ga Yuli Voulet ya sa aka harbe Kanar Klobb, wanda aka aiko daga baya ya karɓe jagoranci, kuma cikin kwana uku da suka biyo baya sojojinsu suka kashe Chanoine da Voulet ɗin kansa a yankin Maijirgi. Daga Lugu zuwa Maijirgi wata uku ne. Wannan tarihi ne, yana rubuce a takardun Faransa da ranakunsa. Amma ga kunnen da ya tashi da bashin Dodo, watanni ukun nan suna da wata suffa: an taɓa abin da ba a taɓawa a cikin bazara, damina ba ta kai rabi ba aka zo karɓar bashi.

Abdoulaye Mamani, a littafinsa Sarraounia na 1980, da Med Hondo a fim ɗin da ya ɗauko daga gare shi a 1986, wanda ya ci babbar kyautar FESPACO a Wagadugu a 1987, dukansu sun jera abubuwan ta yadda mai karatu da mai kallo za su haɗa faɗuwar rundunar da abin da ya faru a Lugu. Wannan haɗi shi ne ƙarfin aikin nasu. Rauninsa kuwa, a ma'aunin da ake amfani da shi a nan, shi ne agogon da labarin ke tafiya a kai na rundunar ne: zango bayan zango, umurni, saƙo, tawaye. Duniyar Azna tana fitowa da kwarjini, da ganguna da tsafi da jawabi, amma kamar wadda ba ta da kalanda, alhali kuwa ita ce mai watan bakwai, ita ce mai lokutan yanka da na buɗe daji da na roƙon ruwa. Binciken Marc-Henri Piault a kan tarihin Mauri, wanda ya fito a 1970, da na Adeline Masquelier a kan borin Dogondutsi, na 2001, sun nuna al'umma mai tsararrun al'adu, wadda kowace hidima a cikinta ke da lokacinta da mai yin ta. Marubucin Hausa da zai sake ɗaukar labarin Lugu, ya ƙirga shi da watannin manoma maimakon ranakun rahoton soja, zai ba da littafin da Mamani bai rubuta ba. Ba laifin Mamani ba ne. Da Faransanci ya yi rubutu, kuma yaƙin da ke gabansa shi ne ya fito da sunan da littattafan makaranta suka binne. Antoinette Tidjani Alou ta kira wannan binnewa mantuwar shekara ɗari a wata maƙala da ta buga a 2009. Daga 1899 zuwa 1980 shekara 81 ce cif, kuma mutanen Lugu, waɗanda ba su daina naɗa Sarauniya ba, ba sa cikin masu barcin.

Dalilin da ya sa wannan magana ta shafi malamai da ƙungiyoyin al'adu a fili yake. Tun 1973 aka fara gwajin koyarwa da harsunan gida a makarantun Nijar, aka fara da Hausa a Damagaram, kuma a 2025 kundin sake gina ƙasa ya ayyana Hausa a matsayin harshen ƙasa. Ko ba daɗe ko ba jima za a bukaci littattafan karatu masu yawa, kuma tatsuniya ce rijiyar da kowa zai fara zura guga a ciki. Ɗalibai za a tura ƙauyuka su rubuto, ƙungiyoyi su tace, malamai su fassara domin shafi biyu, Hausa a hagu, Faransanci a dama. A wannan tafiya daga bakin tsohuwa zuwa takarda ne wa'adi ke zubewa. Mai rubutawa yakan ga maimaicin kwana na ɗaya, kwana na biyu, kwana na uku ya yi masa tsawo, sai ya dunƙule shi ya ce bayan wani lokaci. Da ya yi haka ya cire igiyar da ke ɗaure da wuyan tauraro, ya bar jerin abubuwan mamaki marasa dalili. Mai fassara kuma yana da nasa tarko, domin Bafaranshe idan yana nufin mako kwana takwas yake cewa, mako biyu kuma kwana goma sha biyar. Fassarar da ta mai da kwana bakwai takwas ba ta yi ƙarya a kalanda ba, tunda suna ma a rana ta takwas yake faɗawa idan aka haɗa da ranar haihuwa, amma ta raba labarin da rijiyar Kusugu da watan shuka da ɗakin girka a bugu ɗaya.

Haka nan matasan da ke ƙaga labaran aljannu da matsafa a yau, a littafi ko a shafukan intanet, da yawansu sukan ɗauko wa'adin wasu ƙasashe yadda yake. Barcin shekara ɗari da bugun ƙarfe goma sha biyun dare na Charles Perrault, wanda ya buga tatsuniyoyinsa a 1697, sun shigo ta makaranta da talabijin. Aro ba aibu ba ne, Imam da Ingawa sun isa shaida. Sai dai bugun sha biyu yana da tsoro ne a garin da agogon hasumiya ke mulki. A Kiyeshe sa'ar da ake janye yara daga waje ita ce almuru, da kuma tsakar rana lokacin da inuwa ta shige ƙarƙashin ƙafa, ake hana zama gindin tsamiya. Marubucin da ya sa aljaninsa jiran ƙarfe goma sha biyu alhali yana da almuru a hannu ya yi asarar abin da ba sai ya yi bayaninsa ba.

Ga mai tattara tatsuniya, aikin ba mai wahala ba ne. Idan tsohuwa ta faɗi adadi, a rubuta shi yadda ta faɗa, ko da wata a unguwar gaba ta faɗi wani dabam. A ajiye duka biyun, a rubuta garin kowace. Idan ta maimaita dare uku da kalmomi iri ɗaya, a bar mata maimaicinta. A tambaye ta me zai faru da a ce yaron ya dawo kafin kwanakin su cika, domin amsarta ce za ta nuna ko adadin yana ɗauke da kaya ko kuwa bakinta ne ya saba. A kuma rubuta lokacin da aka ba da labarin, da watan da ake ciki. Tatsuniya ita kanta tana da nata wa'adin: bayan an ci tuwon dare ake yin ta, an fi yin ta bayan amfanin gona ya shiga rumbu, kuma an hana yin ta da rana. Malamin da jadawali ya ba shi darasin tatsuniya da ƙarfe goma na safe, tsakanin lissafi da fita shan iska, ya riga ya karya wannan hani kafin ya buɗe baki, kuma akwai yiwuwar wani yaro a layin baya ya ɗaga hannu ya tuna masa.